Yadda Ake Fita Kallon Yautai a Duwatsun Jos

Duk wanda ya saba bin hanyar burji da dare a kewayen Jos, a mota ko a kan babur, ya taɓa ganin yautai ko da bai san shi ya gani ba. Fitila za ta hasko wani jan ɗigo yana ƙyalli a tsakiyar hanya, kafin ka ankara wani abu mai dogayen fukafukai ya tashi shiru, ya sake sauka can gaba kaɗan. Ka matsa, ya ƙara tashi, ya ƙara sauka. Yaran ƙauye sun san wannan hali nasa sarai. Kana ganin yanzun nan za ka cafke shi, haka zai yi ta jan ka har ka waiwaya ka ga ka yi nisa da gida. Ba mamaki da ake masa kirari da mugun tsuntsu.

Wanda ke son ya kalle shi da kyau, ya ga yadda yake kiwo, ya bambance wannan iri da wancan, ba bin sa zai yi ba. Lokacin fitowarsa ake sani, a san irin ƙasar da yake kwanciya, a riga shi zuwa wurin, a zauna. Ga yadda ake yi.

Fara da sanin wanda za ka nema

Yautai ba mujiya ba ne, kuma ba danginta ba ne. A lissafin masana ya fi kusa da tsattsewa. Mujiya da ƙafa take kama abincinta, shi kuwa ƙafafunsa gajeru ne marasa ƙarfi, da baki yake kamu, a cikin iska. In ka kalli bakin a rufe sai ka raina shi, amma in ya wage shi tsagar tana kai wa har ƙarƙashin ido, ga wasu gashi masu tauri jere a gefe da gefe. Abincinsa ƙwarin da ke tashi da dare: faɗa-wuta, buzuzu da danginsa, fara, gyare, da cinge, wato garar nan mai fukafukai da ke fitowa bayan ruwan farko. Da ido yake ganin su, ba da amsa-kuwwar sauti irin ta ƙananan jemagu ba. Riƙe wannan, domin duk shirin fitar a kansa ya rataya.

A duniya akwai iri kusan 100. A kewayen Jos guda uku ne ya kamata mai farawa ya sa a ransa. Zan kira su da siffarsu, in haɗa da sunan Latin don ka iya nemo su a manhajar waya.

Na farko yautan dutse, Caprimulgus tristigma. Shi ne ɗan gida, ba ya barin duwatsu rani da damina. Tsawonsa wajen santimita 28, baƙi-baƙi ne mai yayyafin fari da toka-toka, launin falalen dutsen da ya sha rana da ruwa. In ya kwanta a kan dutse, kana iya tsayawa taku uku daga gare shi ba ka gan shi ba.

Na biyu mai doguwar jela, Caprimulgus climacurus. Shi aka fi cin karo da shi a kan hanya da gefen gonaki. Jelar namiji kan kai tsawon jikinsa ko ta fi, har tsuntsun gaba ɗaya ya kai santimita 40.

Na uku shi ne wanda ake barin gida dominsa, mai tuta, Caprimulgus longipennis. Jikinsa ƙarami ne, santimita 20 zuwa 23. Amma lokacin neman mata, namiji yakan fitar da gashi ɗaya daga tsakiyar kowane fiffike, ya yi tsawo har wajen santimita 38. Mafi yawan tsawon tsinke ne tsirara, sai a can ƙarshe ya buɗe ya yi faɗi kamar tuta. A cikin duhun almuru ba ka ganin tsinken, faɗin kawai kake gani yana rawa a bayansa, shi ya sa mai fara gani kan rantse ƙananan jemagu biyu ne suke korar tsuntsu.

Akwai wasu da kan ratso: Caprimulgus inornatus da ke ƙwai a Sahel da damina ya gangaro kudu da rani, da Caprimulgus vexillarius mai fararen dogayen gashi da ke ƙwai a kudancin Afirka ya zo wajenmu hutu tsakanin Maris da Agusta. Ka bar su sai ka ƙware a ukun farko.

Duba kwanan watan Musulunci kafin na Bature

Tunda da ido yake kamu, yautai yana da lokaci biyu da ba ya fashi: ɗan hasken da ke saura bayan faɗuwar rana, da wanda ke zuwa kafin fitowarta. Tsakiyar dare kuwa sai in akwai farin wata. Wani bincike da aka yi a gandun dajin Comoé na ƙasar Kwadebuwa, aka buga a 2003, a kan mai tuta da mai doguwar jela, irin namu ke nan, ya nuna haka. A 2019 kuma masana a Jami'ar Lund ta Suwidin suka bi sawun yautan Turai 39 da 'yan na'urori a jikinsu, suka ga kiwonsu yana ninkawa fiye da biyu a dararen farin wata, kuma sukan ɗaga zuwa ƙaura kamar kwana 10 bayan cikar wata, bayan sun ci sun ƙoshi.

Mu nan ba mu da wahalar lissafi, kalandar tana rataye a bango. Daga 8 zuwa 14 ga watan Musulunci, rana na faɗuwa wata na sama, hasken almuru ya miƙa wa na wata ba tare da duhu ya shiga tsakani ba. Waɗannan su ne dararen fita. Daga 15 wata zai riƙa makara da kamar minti 50 kowane dare, kafin 19 ga wata sai bayan ƙarfe tara yake leƙowa, lokacin kuwa ya kamata a ce kana gida. In ka rasa wancan mako, juya lissafin ka fita da asuba tsakanin 17 da 23, wata na sama kafin ketowar alfijir. A duhun wata ma ana gani, sai dai abin ba ya wuce rabin sa'a.

Game da lokacin shekara, ni na fi ba da shawarar Fabrairu zuwa Mayu. Ciyawa ta bushe ko an ƙone ta, ƙasa a fili take, namijin mai tuta yana ɗauke da tutocinsa, maza suna kuka. In damina ta kankama, mai tuta yakan yi arewa zuwa Sahel, tutocin kuma su zube. Disamba da Janairu ana iya fita, amma sanyin Jos yakan kwantar da ƙwari, hazo kuma ya dushe wata. Daren da ya fi kowanne shi ne wanda ruwan farko na Afrilu ya sauka da rana ya ɗauke kafin la'asar, cinge ya ɓarke. In haka ta faru, ajiye abin da kake yi. Daren iska mai ƙarfi ko na hadari kuwa, kada ka wahalar da kanka.

Je ka ga wurin da rana tukuna

Wannan matakin ne masu ɗoki ke tsallakewa, kuma shi ne ba a tsallakewa a Filato. Ƙasar nan cike take da tsofaffin tafkunan kuza da ramukan haƙa, wasu ciyawa ta rufe bakinsu. Wurin da ba ka taka da rana ba, kada ka taka shi da dare.

Abin da kake nema wuri ne da ya haɗa abu biyu ko uku: falalen dutse mai faɗi da 'yan bishiyoyi a gindinsa, fili mai tsakuwa ko saura da aka ƙone, da hanyar burji wadda motoci ba su dame ta ba. In akwai fadama ko mashekarin shanu a kusa, to madalla, don nan ƙwari ke taruwa. Wannan zagayen garke da yautai ke yi ne ya sa mutanen Turai suka daɗe suna zarginsa da tsotse nonon awaki, har Aristotle ya rubuta haka sama da shekara 2,300 da suka wuce. Ƙwarin da dabbobi ke tayarwa yake bi, ba ruwansa da hantsa.

Gabashin gari ya fi dacewa, wajen gindin duwatsun Shere da hanyoyin da suka bi ta Lamingo zuwa ƙauyukan Jos ta Gabas. A can ne gandun dajin Amurum yake, kusa da ƙauyen Laminga, kamar kilomita 15 daga cikin gari, faɗinsa hekta 300 ko kusa da haka. Lura, Lamingo daban, Laminga daban, kada ɗan acaɓa ya sauke ka a bakin dam ɗin Lamingo. A cikin Amurum ɗin ne cibiyar nazarin tsuntsaye ta A.P. Leventis take, wadda ake kira APLORI, ƙarƙashin Jami'ar Jos, an kafa ta a 2001. Wuri ne da ake tsarewa, ba a faɗa masa kai tsaye. Je da rana, ka gabatar da kanka, ka nemi izini. Ribar da ke ciki ta wuce izinin, domin mutanen wurin sun san dutsen da tsuntsu ke kwana a kai, kuma ta wurinsu za ka haɗu da masu fita kallon tsuntsaye a Jos.

In wani wuri ka zaɓa, ka fara da gidan mai unguwa. Bayan gaisuwa, faɗi maganarka a fili: “Ranka ya daɗe, mu masu kallon tsuntsaye ne, ba mafarauta ba. Muna so mu zauna a kan dutsen can daga magariba zuwa isha, da tocila, mu uku. A taimaka mana da yaro ɗaya da ya san wurin.” Ka roƙa a sanar da 'yan banga. In akwai ruga kusa, ka je ka gai da Arɗo ko dattijon da ka tarar, ka ce masa, “Baffa, in kun ga haske a kan dutse yau da dare, mu ne.” Kowa ya san halin da Filato ke shiga lokaci zuwa lokaci. Baƙo da tocila a bayan gari da dare abin tsoro ne ga mutanen da suka ga abin da suka gani, kuma suna da gaskiya. In ana zaman ɗar-ɗar a yankin ko an sa dokar hana fita, a ɗage. Yaron da ya raka ku kuma a sallame shi da abin kirki.

Kayan da za ka ɗauka

Tocila biyu: babba mai haske tsinin da ke kai nesa, wadda ake iya rage mata ƙarfi, da ƙarama ta duba gaban ƙafa. Ƙaramar ka rufe bakinta da jar leda ka ɗaure da roba, jan haske ba ya kashe maka ganin duhu. Takalmi mai rufe idon sawu da dogon wando mai kauri, saboda kasa da kububuwa da kunama duk da dare suke fitowa, dutsen da ya sha rana kuma yana jan su. Silifas ba kayan wannan fita ba ne. Rigar sanyi mai duhun launi ko da a watan Maris, wadda ba ta ƙara in ka motsa. Darduma, ruwa, waya cike da caji, da sanda.

Madubin hangen nesa in kana da shi, mai lamba 8x42 ko 7x50. Lamba ta biyu faɗin gilashin gaba ce a milimita, kuma ita ke nuna yawan hasken da yake tarawa. Ƙananan nan na aljihu ba sa amfani bayan faɗuwar rana. In babu, kada ya hana ka fita.

Abu na ƙarshe, tun kana gida shiga shafin xeno-canto a intanet, rubuta sunayen Latin ɗin nan uku, ka saurari kukan kowanne har ya zauna maka a kunne. Mutum uku sun isa tafiya. Biyar taro ne, kuma taro ba ya shiru.

Zaman magariba

A Jos rana na faɗuwa wajen ƙarfe 6:00 a Nuwamba, 6:35 a Maris, 6:50 a Yuli. Ku isa da minti 40 kafin nan, da alwalarku. Zaɓi wurin zama a ƙasa-ƙasa, bayanka jingine da dutse ko kututture, fuskarka na kallon yamma, yadda duk abin da ya gifta zai fito baƙi a kan sauran hasken sama. Buga wurin da sanda kafin ka zauna. Da rana ta faɗi ku yi sallah nan take, kada ku jinkirta, domin almurun ƙasarmu gajere ne. Minti 15 zuwa 20 bayan faɗuwar rana ake farawa, kuma kashi mafi daɗi ba ya daɗewa. Kashe tocila, juya fuskar waya ƙasa.

Kunne ne zai fara aiki. Yautan dutse yana kuka gaɓa biyu ko uku, “wau-wau”, ya ɗan tsaya ya maimaita, daga saman dutse. Mutane da yawa sun sha jin sa suna ɗauka ɗan kwikwiyo ne ke haushi a wani ƙauye mai nisa. Bambancin shi ne tazarar ba ta canzawa, kuma daga inda babu gida yake fitowa. Mai doguwar jela nasa dogon gurnani ne mara yankewa, kamar keken ɗinki da tela ya taka bai ɗaga ƙafa ba, yakan yi minti ɗaya ko fiye a jere. Na mai tuta siriri ne ƙwarai, tsit-tsit-tsit da sauri, yana ɓacewa cikin kukan gyare, kuma kunnen da ya manyanta ba lalle ya kama shi ba.

Sai ka ga motsi. Ƙananan jemagu su ma lokacin suke fitowa, to ga yadda za ka raba su. Jemage ba ya daina kaɗa fiffike. Yautai yakan kaɗa sau biyu ko uku, ya saki jiki ya yi lilo da fukafukai a ɗage sama, ya karkace ya cafki wani abu, ya ci gaba. Fukafukansa dogaye ne masu tsini, jelarsa a bayyane. Sau da yawa kuma daga ƙasa yake farauta: yana kwance a fili yana kallon sama, ƙwaro ya gifta, ya tashi ya kama, ya dawo daidai inda ya bari. Wannan ne dalilin zamansa a kan hanya, don ta ba shi sararin da zai hango ƙwaro a kan hasken sama. In ka lura da inda ya sauka sau biyu, ka samu wurin da za ka haska an jima.

In Allah ya sa kun dace da filin da mazan masu tuta ke taruwa, kada kowa ya motsa. Namiji yakan tashi ƙasa-ƙasa yana kewaya filin a hankali, fukafukai na karkarwa, tutocin nan biyu a tsaye cak a samansa maimakon su bi bayansa. Wani ya sauka, wani ya tashi. Mata na zuwa su zaɓa, namiji ɗaya kan samu fiye da ɗaya, daga nan kuma ba ruwansa da kwanci ko reno. Fili ɗaya sukan riƙe dare bayan dare, saboda haka in ka same shi ka samu wurin komawa har ƙarshen lokacin.

Wasu kan kunna kukan a waya don su jawo tsuntsu. Yana aiki, ba musu. Ni dai ban so, musamman a watannin ƙwai. Namijin da ya ji kishiya a filinsa yakan bar kiwo ya zo faɗa, alhali ɗan lokacin cin abincinsa ƙididdigagge ne.

Yadda ake riƙe tocila

Bayan duhu ya rufa, lokacin isha ya gabato, sai a tashi a bi hanya ko gefen fili a hankali. A bayan idon yautai akwai wani shimfiɗi da ke mayar da haske ta hanyar da ya shigo. Don haka in ka riƙe tocila a wajen ƙugu, hasken zai koma wa ƙugunka, ba za ka ga komai ba. Ɗaga ta ka manna a gefen kanka, daidai saitin ido, ka riƙa juya kai da tocilar tare. Mutum ɗaya ne ke haskawa, sauran su jeru a bayan kafaɗarsa.

Idon yautai ja ne mai ruwan lemo, babba, a ƙasa sosai, ana hango shi daga mita 100 ko fiye, kuma sau da yawa ido ɗaya za ka gani don a kaikaice yake kwance. Ƙananan ɗige-ɗige masu walƙiya fari ko shuɗi-shuɗi a cikin ciyawa gizo-gizo ne. Kore ko rawaya guda biyu kusa da juna kyanwa ce ko wani ɗan'uwanta. Zomo ma nasa ja ne, amma ya ɗan fi tsayi daga ƙasa, kuma ba ya daɗewa bai zabura ba.

Da ka samu ido, rage ƙarfin tocila, kawar da tsakiyar hasken zuwa ƙasa gabansa, ka bar gefen hasken kawai a jikinsa. Taka a hankali, ba magana, ba wanda zai gifta gaban haske. Taku goma daga gare shi ka tsaya. Daga nan madubi zai nuna maka komai, waya mai kyamara mai kyau ma za ta yi ƙoƙari. Minti ɗaya ko biyu sun isa. In ya tashi ya sauka gaba, ka ƙyale shi, ka nemi wani. Tashi na biyu da na uku ba sa ƙara maka komai, sai dai su kai ka inda ba ka duba da rana ba. In za ka bar shi, sauke hasken a hankali ka ja da baya, ka ba idonsa lokaci ya dawo daidai.

Abin da za ka duba, bi da bi: tsawon jela in an gwada da ƙarshen fukafukai, farin da ke maƙogwaro, sannan in ya tashi, fari a fiffike da jela. Mai doguwar jela namiji yana da farin zane a fiffike da farin layi a gefen jela, jelar kuma ta zarce fukafukai nesa. Yautan dutse duhu ne gaba ɗaya, da 'yan fararen ɗigo a fiffike, namiji da fari a kusurwar jela. Mai tuta, mace da namiji, ba su da fari ko kaɗan a fiffike ko jela, sai ratsin ja-ja da baƙi. Ƙaramin yautai mai gajeriyar jela da ya tashi ba ka ga fari ba, mai yiwuwa macen mai tuta ce. Ƙasar da ka same shi ita ma shaida ce: a kan falalen dutse tsirara, fara zargin yautan dutse. Wanda ba ka tabbatar ba, rubuta yautai kawai. Ƙwararru ma suna barin wasu haka, musamman mata.

In ka ci karo da ƙwai

Yautai ba ya yin sheƙa. A kan ƙasa tsirara, ko cikin busasshen ganye, ko a ɗan lotsawar dutse mace ke ajiye ƙwanta, yawanci biyu, masu dabbare-dabbare. Mai tuta yana son ƙasar da wuta ta ci. Duk tsaron da uwar ke da shi launin jikinta ne, sai ta lumshe manyan idanun nan su zama 'yar tsaga, ta ƙi motsi har sai an kusa taka ta.

Alamar ita ce wannan: da rana tsuntsu ya tashi daga gaban ƙafarka, maimakon ya tafi sai ya faɗi nan kusa yana jan fiffike yana birgima kamar ya karye. Lafiyarsa lau, janye ka yake daga ƙwai ko 'ya'ya. Tsaya cak, dubi ƙasa kafin ka ɗaga ƙafa, ka koma ta inda ka fito. Kada ka taɓa, kada ka share ganyen wurin don hoto ya yi kyau, kada ka kewaye shi da duwatsu. Rana ta Maris tana iya kashe ƙwan da aka bari a buɗe cikin ɗan lokaci, sawunka kuma hanya ce ga kare.

In a gonarka ne lokacin sharar gona, kafa sanda taku biyar daga wurin don masu aiki su gane, ka bar ɗan tsibirin nan ba huɗa ba wuta. Kwanci kan ɗauki kwana 16 zuwa 20, 'ya'yan kuma su tashi bayan kamar mako uku, wato mako shida ka gama. Suna fitowa da gashinsu mai laushi, kuma cikin 'yan kwanaki sukan matsa daga inda aka ƙyanƙyashe su, don haka ganin wurin wayam ba ya nufin an cinye su. Wanda ya ga ɗan yautai shi kaɗai a ƙasa kada ya kai shi gida da sunan taimako. Uwar na kusa, kuma ba ya cin tsaba, a hannunka mutuwa zai yi.

Haka nan in ka tarar da babba da sanyin safiyar hunturu ya sandare ba ya motsi. A Afirka ta Kudu an auna yautan dutse a lokacin sanyi, aka ga yakan saukar da zafin jikinsa zuwa ƙasa da digiri 15 don ya tsimi ƙarfi in abinci ya yi wuya, ya farfaɗo in rana ta dumama shi. Bar shi inda yake.

Rubuta abin da ka gani

Kafin ka kwanta, rubuta kwanan wata na Bature da na Musulunci, lokacin da aka fara kuka, irin ƙasar, yanayin sama, iri nawa da guda nawa. In ka ɗauki kukan a waya, ka faɗi wuri da lokaci da bakinka a ƙarshen ɗaukar. Bayan wata uku littafin nan zai fi kowa gaya maka ranar fita a wurinka.

Kada kuma ya tsaya a littafinka. Tun 2015 ake gudanar da aikin taswirar tsuntsayen Najeriya daga APLORI, inda aka yanka ƙasar gida-gida, kowane gida kamar kilomita 9 tsawo da faɗi, masu sa kai suna shigar da abin da suka gani ta manhajar BirdLasser. Yawancin masu shigarwa da safe suke fita, saboda haka tsuntsayen dare ba sa samun shiga yadda ya kamata. Wurin ƙwai kam kada ka sa shi a Facebook ko zauren WhatsApp.

A hanyar komawa, direba ya rage gudu a kan burji. In jan ido ya bayyana, a sassauta, a rage fitila, a ba shi sarari, domin hasken mota yana ɗaure shi ne har taya ta iso. Wanda kuka tarar mota ta riga ta buge, shi ma yana da amfani. Sa leda a hannu, buɗe fiffike ɗaya ka ɗauki hotonsa sama da ƙasa, baza jelar ka ɗauka, ajiye biro a gefe don a gane girma, ka duba farcen yatsan tsakiya mai haƙora jere da yake gyara gashinsa da shi. Tura hotunan ga mutanen cibiyar tare da sunan wurin da kwanan wata, ka matsar da gawar gefen hanya, ka wanke hannu.